Alhaji Umaru Karaki da rayuwarsa a cikin waƙa

An haifi Alhaji Umaru a Kano wajejen 1858, ya zauna a Salaga, ya rasu a Kete-Krachi ta Ghana a 1934. Waƙoƙinsa na Larabci da Hausa suna daga cikin manyan madogarar masu bincike kan rayuwarsa: yaƙin basasar Salaga na 1892 da ya watsa garin, zuwan Nasara, da makokin ɗansa Labbu. Sai dai ba kowane "ni" na waƙa ne shaida ba. A makokin, uba ne ke kuka. A Waƙar Talauci da Wadata kuwa, malami ne ke duban jama'a. Mazauna Nima da Maamobi na iya samun kwafin rubuce-rubucensa kusa da gida, a Jami'ar Ghana, Legon.