Ɗiban Gwamna (1942–1944)

Ɗiban gwamna shi ne sunan da talakawan Arewacin Nijeriya suka laƙaba wa aikin tilas na haƙar kuza a Filato zamanin Yaƙin Duniya na Biyu. Asalin al'amarin kuwa, sa'ad da askarawan Japan suka mamaye ƙasar Malaya a farkon 1942, wadda take babbar mai samar da kuzar da masana'antun makamai na Ingila ke buƙata, sai hukumar mulkin mallaka ta juyo ga ma'adinan Jos da Bukuru, ta ɗora wa sarakuna da hakimai da dagatai alhakin kawo adadin ma'aikata daga kowace gunduma.

Lardin Zazzau yana cikin waɗanda hukuncin ya shafa, musamman kudancinsa da ke maƙwabtaka da Filato, inda hanyar jirgin ƙasa ta ratsa Zonkwa, ƙasar Bajju, ta isa Kafanchan, mahaɗar da reshen Jos ya rabu tun 1927. An raba manoma da gonakinsu, mata da tsofaffi suka gaji noman, hatsi ya yi tsada. Su kuwa waɗanda aka ɗiba, suna ɗaukar kwanon ƙasa a ka cikin sanyin da ba su saba da shi ba, ga ƙarancin abinci da mayafi, har cutar huhu ta hallaka da dama, wasu suka tsere.

Mutanen da aka ɗiba sun kai kimanin 100,000 kafin a soke wannan zalunci a 1944.