Fari da rumbun talaka: karkarar Maraɗi daga 1968 zuwa 1985

Idan ana zancen farin da ya abka wa ƙasashen Sahel daga 1968 zuwa 1974, galibi ƙarancin ruwan sama ake ambata. Mu kuwa a ganinmu, ƙarancin ruwa shi kaɗai bai isa ya bayyana yunwar da aka sha a jahar Maraɗi ba. Wajibi ne a duba halin da fari ya tarad da manomi.

A da, maigida ne ke riƙe da hatsin gandu, yana kuma keɓe rumbun tsimi saboda baƙar shekara. Tun zamanin mulkin mallaka, biyan haraji da tsabar kuɗi ya tura talakawa noman gyaɗa. Bayan samun ƴancin kai, aka kafa kamfanin Sonara a 1962 domin cinikinta, kuma a cikin shekarun 1960 gyaɗa ce ke kawo fiye da rabin kuɗin kayan da Nijar ke sayarwa waje. Gonaki suka faɗaɗa, aka rage barin saura, ƙasa ta gaji. Binciken Claude Raynaut a yankin ya nuna yadda neman kuɗi ya sassauta gandu, kowa ya koma ga gamanarsa.

Saboda haka, da damina ta ƙi a 1972 da 1973, rumbuna da yawa sun riga sun yi ƙasa. Magidanta suka sayar da bisashe da araha, suka jinginar da gonaki, samari suka tafi cin rani Nijeriya. Zargin karkatar da taimakon abinci yana cikin dalilan da soja suka bayar lokacin da Seyni Kunce ya hamɓare gwamnatin Diori Hamani ranar 15 ga Afrilu 1974. A 1975 cuta ta lalata gyaɗar, cinikinta kuwa bai sake komawa yadda yake ba.

Farin 1984 ya ƙara tabbatar da wannan. Gwamnatin Janar Buhari ta rufe iyakar Nijeriya a shekarar, hanyar hatsi da ta cin rani suka toshe, har mutane suka sa wa yunwar suna El Buhari. Sunan da kansa shaida ne: talakawa sun ɗora alhakin wahalarsu a kan hukuncin mahukunta.

Daga nan muke cewa duk mai nazarin fari ya fara da tambayar wa ya sayar da gona, wa kuma ya saye ta. Ruwa ya dawo bayan 1985, amma gonar da aka sayar ba kasafai take komawa hannun mai ita ba.