Asalin Majigi da Fim ɗin Ban Dariya

Yaran Suleja na yanzu da ke ƙyaƙyata dariya a kan waya, kaɗan ne suka san majigi. Dattawan da suka tashi tun garin yana amsa sunan Abuja, zamanin Sarki Sulaimanu Barau, su ne suka san shi. Ga yadda abin ya faro.

Da can Turawa suna da wata fitila mai haska hoto a bango, suna ce mata majik lantan, wato fitilar siddabaru. Sunan ne ya faɗo bakin Bahaushe ya koma majigi.

Da aka gano dabarar sa hoto ya motsa, sai mutanen Ingila suka shiga yin 'yan gajerun finafinai marasa magana. A 1897 wani mai suna George Albert Smith ya yi wani wanda bai cika minti ɗaya ba. Mai niƙa ne sanye da farare, ɗauke da buhun gari, ya yi karo da mai sharar bututun hayaƙi, shi kuma da buhun kunkunniya. Suka kaure da duka da buhunan nan, fari ya koma baƙi, baƙi ya koma fari, jama'a suka bi su a guje. Iyakar labarin ke nan. Ba wanda ya ce uffan, amma ko kurma ya gani sai ya dara.

Fim ya fara isowa Legas a 1903. Daga baya wani jami'in tsabta, William Sellers, ya riƙa zagayawa da mota yana nuna finafinan kiwon lafiya, har gwamnatin Ingila ta kafa ma'aikatar finafinan mulkin mallaka a 1939, ta ɗora shi a kai.

To, amma wa zai bar shimfiɗarsa don a koya masa kashe ɓera? Sai aka riƙa haɗawa da Charlie Chaplin, haifaffen Landan, ko da yake a Amurka ya yi yawancin finafinansa. In magariba ta wuce a kafa farin ƙyalle a fili, injin majigi ya tashi. Fim ɗin tsabta sai mai bayani ya bi shi da Hausa ta lasifika. Shi kuwa Chaplin, mai guntun gashin baki da burgujejen wando, yana zamewa ya faɗi, filin ya ɗauka, ba ruwansa da tafinta.