Ɗorawar Kakata da Sunan Mungo Park

 Rubutun nan yana da ɗan tsawo, ku yi haƙuri ku bi ni a sannu.

Makon jiya na raka wani abokin karatuna Bayarabe kasuwar Bodija a nan Ibadan, sai ya tsaya sayen abin da ya kira iru. Ina jin ƙanshin na ce masa ai wannan daddawa ce. Ya ce iru ne, na ce daddawa ce, muka yi ta musu har mai sayarwa ta fara dariya. Abin da ya raba gardamar shi ne sunan da duk mu biyun muka haddace a aji: Parkia biglobosa. Itacen da yake kira igba shi ne ɗorawarmu. Na dawo ɗaki ina tunanin abin. Shekara ta biyu ke nan ina digiri na biyu a fannin tsirrai, na rubuta Parkia ya fi sau ɗari, amma ban taɓa tsayawa na tambayi kaina wane ne wannan Park ɗin ba. Da na bi diddigi sai na tarar tarihin Arewa ne kwance a cikin sunayen da muke haddacewa don cin jarrabawa kawai.

Bari na fara da tsarin kansa. Wani masani ɗan ƙasar Suwidin, Carl Linnaeus, shi ya kafa al'adar ba kowane tsiro suna mai kalma biyu a littafinsa Species Plantarum na 1753. Kalmar farko ta dangi ce, ta biyu ta jinsi. Wanda ya fara bayyana tsiro ko dabba a rubuce bisa ƙa'ida, shi ke da ikon raɗa suna, kuma sunan da ya riga fitowa shi ke da rinjaye. Idan za a karrama namiji sai a ƙara i ko ii a ƙarshen sunansa, idan mace ce a ƙara ae. Tun daga farko son rai ya shiga ciki. Linnaeus ya karrama abokansa da furanni, wani mai sukarsa kuma, Siegesbeck, ya laƙaba sunansa a kan wata ciyawa mara kyan gani.

To mu dawo gida. A watan Fabrairu na 1823 wasu Turawan Birtaniya uku, Dixon Denham da Hugh Clapperton da likita Walter Oudney, suka iso Kukawa wajen Shehu Muhammadu al-Kanemi bayan sun keto Sahara daga Tarabulus. Oudney shi ne mai tattara tsirrai a cikinsu. Bai koma gida ba, ya rasu a Janairun 1824 a kusa da Katagum, kan hanyar Kano. Clapperton ya ci gaba shi kaɗai, ya shiga Kano, daga nan ya wuce Sakkwato ya gana da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello. A 1826 aka buga labarin tafiyar a Landan, aka saka bayanin tsirrai da dabbobin da suka kwaso a ƙarshen littafin. A nan ne masanin tsirrai Robert Brown ya raɗa wa dangin ɗorawa suna Parkia, don tunawa da Mungo Park wanda ya mutu a kogin Kwara wajen Busa shekara ashirin kafin nan. Brown ya kuma raɗa wa wani tsiron hamada suna Oudneya. A littafin ne dai aka sa wa tuje sunan Denham, shi ne Neotis denhami a yau, wani jinsin fakara na yankin Borno kuma ya ɗauki sunan Clapperton, Pternistis clappertoni.

Ku duba wani abu. A cikin wannan littafin na 1826 akwai taswirar ƙasar da aka samo daga wajen Sarkin Musulmi Bello, akwai kuma fassarar wani yanki na littafinsa Infaƙul Maisur. Bello malami ne da ya yi rubuce-rubuce a kan magani, har da na basur. Wato mutumin da ya karɓi baƙon, ya ciyar da shi, ya bayyana masa ƙasar, yana cikin littafin a matsayin mai ba da labari, sunan tsuntsun kuma ya tafi ga baƙon. Da Clapperton ya dawo karo na biyu, tafintansa wani Bagobiri ne mai suna Abubakar, wanda Turawa ke kira Pasko. Clapperton ya rasu a kusa da Sakkwato a 1827, sunansa na nan a kan fakara da kuma wani dangin tsiro, Clappertonia. Pasko fa, a cikinmu mutum nawa ne suka taɓa jin sunansa?

Haka abin yake in ka bi sauran itatuwan da muka tashi a gindinsu. Kuka ita ce Adansonia digitata, sunan Michel Adanson, Bafaranshen da ya je Sanigal a 1749 ya yi shekaru yana nazarin tsirranta. Abin dariya, shi kansa Adanson bai so hakan ba, ya fi son a bar sunan baobab, amma Linnaeus ya riga ya rubuta. Mu a wajenmu gari ne ke ɗaukar sunan itace, kamar Kukawa ɗin da su Denham suka sauka. Su kuma itacen suka ba sunan mutum. Shinkafar daji, wadda daga ita aka samo shinkafar Afirka ta asali, ita ce Oryza barthii, sunan Heinrich Barth, Bajamushen da ya shigo Kano a 1851 yana kiran kansa Abdulkarim. Kaɗanya ma ta daɗe ana kiranta Butyrospermum parkii saboda Park ya ba da labarinta a littafinsa na 1799. Daga baya aka koma ga Vitellaria paradoxa domin wannan sunan ya riga wancan fitowa, tun 1807. Shi ya sa in ka buɗe tsofaffin littattafai a laburare za ka ga suna ɗaya, sababbi kuma wani daban, ka ɗauka itace biyu ne.

Wanda ya fi tsaya min a rai shi ne John Dalziel. Likita ne ɗan Sikotlan da ya yi aiki a Arewa a farkon mulkin Turawa, ya tattara tsirrai masu yawa, musamman a ƙasar Katagum. A 1916 ya buga ƙamus na sunayen tsirrai da Hausa, a 1937 kuma ya fitar da babban littafinsa a kan amfanin tsirran Afirka ta Yamma. Har gobe muna dogara da su, ni kaina babi na biyu na aikina ba zai tsaya ba sai da su. Hano, wanda wasu ke kira ararraɓi, itacen da ake jiƙa ɓawonsa a sha, sunansa yake ɗauke da shi: Boswellia dalzielii. Ban ƙi a karrama shi ba, wallahi ya yi aiki. Amma ku tambayi kanku, daga ina likita Bature ya san wannan ganye na shawara ne, wancan saiwa ta ciwon ciki ce? Wanzamai ne suka faɗa masa, da maharba, da ungozomomi, da Fulani makiyaya, da masu tallar magani a kasuwa. Iliminsu ya shiga littafi, sunayensu suka tsaya a bakin ƙofa.

Kada wani ya ɗauka ina cewa a watsar da sunayen kimiyya. Ba don su ba da ni da abokina har yanzu muna musu a Bodija. A Hausar ma, itace ɗaya sai ka ji sunansa daban a Sakkwato daban a Bauchi, wani lokacin kuma suna ɗaya ya hau itace biyu. A harkar magani irin wannan ruɗanin yana iya kai mutum asibiti. Kuma ba duka sunayen ne na Turawa ba. Khaya, dangin maɗaci, daga sunan itacen a harshen Wolof aka samo shi. Cola na goro ma daga bakin mutanen Afirka ta Yamma ya fito. Akwai tsuntsun da aka bayyana a 1958 aka ba shi sunan garin nan da muke zaune, Malimbus ibadanensis.

Masana ma yanzu suna ta muhawara a kan batun. A 2023 ƙungiyar masana tsuntsaye ta Amurka ta sanar cewa za ta sauya sunayen Ingilishi na tsuntsayen da ke ɗauke da sunayen mutane, amma ba ta taɓa na kimiyya ba. A 2024 babban taron masana tsirrai na duniya a Madrid ya amince a gyara sunaye sama da 200 masu ɗauke da wata kalmar cin mutuncin baƙar fata. A gefe guda kuma, wani ƙwaro na kogunan dutse a Sulobeniya da aka sa wa sunan Hitler tun shekarun 1930 yana nan da sunansa, saboda masana dabbobi na tsoron in aka fara sauyi ba a san inda za a tsaya ba. Ni dai ra'ayina, ko da an cire sunan Park daga ɗorawa gobe, ba zai dawo mana da sunan tsohuwar da ta koya wa Dalziel amfanin hano ba.

Abin da ya fi damuna yana gabanmu ne. Kakata, Allah Ya jiƙanta, ta san itatuwa da ciyayi da ba zan iya ƙirgawa ba, ta san wanda ake ba mai jego da wanda akuya ba ta ci. Ta rasu ina aji uku a jami'a, ina haddace sunayen Latin, ban taɓa zama da ita da biro da takarda ba ko sau ɗaya. Yanzu da nake aikin fili, in na je ƙauye neman wani tsiro sai a ce min ai wanda ya san shi ya rasu bara, ko kuma a nuna min gonar da itacen yake a da kafin a sare shi a yi gawayi. Wannan laifin ba na Denham ba ne, namu ne.

A ma'ajiyar busassun tsirrai ta cibiyar binciken gandun daji da ke nan Ibadan, kowane samfuri yana da takarda manne da shi: sunan wanda ya tsinko, wuri, rana, wani lokacin har da sunan gargajiya. Duk wanda ya kai samfuri mai kyau, sunansa zai zauna a wannan takardar bayan ransa. Ba abin da ya hana ka rubuta a kai cewa Malam wane, maharbi a gari kaza, shi ya nuna maka kuma shi ya faɗi amfaninsa, in ya yarda a sa sunansa. Ƙa'idar raɗa suna ma ba ta ce sai Bature ba. Ɗan Gumel ko 'yar Mubi da ta bayyana sabon jinsi tana da ikon sa masa sunan wanzamin garinsu, duniya kuma dole ta kira shi haka.

Don haka ga roƙona, ba ga 'yan fanninmu kaɗai ba, har ku masu karanta lauya da injiniya. Hutun nan in kun koma gida, ku zauna da tsoho ɗaya ko tsohuwa ɗaya. Ku tambayi sunan itace goma da amfaninsu, ku ɗauki hoton ganye da fure da 'ya'ya da waya, ku rubuta garin da ranar, sannan ku rubuta sunan wanda ya faɗa muku. Wanda ya yi, ya neme ni in mun dawo, zan taimaka a gano sunan kimiyyar mu haɗa su wuri ɗaya. Ni na riga na kira kawuna, na ce ya shaida wa Baba Wanzami ina nan tafe bayan jarrabawa.

Allah Ya ba mu sa'ar karatu, Ya jiƙan magabatanmu.