Sani Mu'azu da Ma'aunin Ƙwarewar Jarumi: Nazari daga Zangunan Arewacin Togo

Masu sharhin fim sun saba auna ƙwarewar jarumi da yawan masana'antun da ya taka rawa a cikinsu. Da wannan ma'auni ake yaba Sani Mu'azu, ɗan Jos, tsohon shugaban ƙungiyar masu shirya finafinai ta MOPPAN, wanda ya yi aiki a Kannywood da Nollywood da kuma talabijin. Wannan maƙala na ganin ma'aunin bai cika ba, kuma za ta kafa hujja da mai kallon da ba a cika tunawa da shi ba, wato mazaunin zango a arewacin Togo.

Sokode, garin Kotokoli, yana kan tsohuwar hanyar fataken goro da ta haɗa ƙasar Hausa da Gwanja, abin da ya sa Hausa ta yi saiwa a kasuwarsa da unguwannin Musulmi tun kafin zuwan Turawa. Dapaong kuwa, a ƙasar Moba kusa da iyakar Burkina Faso, gari ne na matafiya da 'yan tireda. Yaron da ya tashi a zangunan nan Faransanci ya koya a makaranta. Ingilishi ba ya yi masa amfani, siyasar Najeriya ma daga nesa yake jin ta. Idan wasan jarumi ya ratsa shi, to ba sanayya ce ta yi aiki ba, gwaninta ce.

A 2018 Mu'azu ya fito a manyan finafinan kudu biyu: ɗan sanda a King of Boys na Kemi Adetiba, da Alhaji Danladi Maikano, attajirin harkar sufuri na Kano, a Lionheart na Genevieve Nnaji, wanda Netflix ta saya. Wurin da aka fi tunawa a Lionheart shi ne inda jarumi Pete Edochie ya juya harshe ya yi wa Alhaji Maikano Hausa, fuskar attajirin ta saki. Mu'azu ya yi wasan da nutsuwa, ya nuna Bahaushen ɗan kasuwa mai ilimi da dattako, ba maigadin da finafinan Legas suka daɗe suna yi wa dariya ba. Wannan ba ƙaramin gyara ba ne. Sai dai rawar gajeriya ce, kuma an ɗinka ta ne domin ta warware matsalar wasu. Ingilishi ya mamaye fim ɗin, har hukumar Oscar ta cire shi daga gasar finafinan ƙasashen waje a 2019 saboda haka. Mai kallo a Dapaong zai ga babbar riga da kwarjini, ba zai san mutumin da ke ciki ba.

Kwana Casa'in, wanda tashar Arewa24 ta fara nunawa a 2019, shi ya ba shi fili. A matsayin Gwamna Bawa Maikada na ƙirƙirarriyar jihar Alfawa, ya ɗauki dattakon nan da ya sa aka ƙaunaci Maikano ya mai da shi makamin zalunci. Murya ɗaya ce, takun ma bai sauya ba, amma tattausan lafazin yanzu barazana ne. Maikada yana lallashi yana ƙulla sharri, a gaban talakawa uba ne, a cikin gida kuma matarsa na juya shi. Shiri mai dogon zango ne kaɗai ke ba jarumi damar gina mutum a hankali haka, mako bayan mako. Kuma duk wanda ya taɓa gaida mai mulki cikin tsoro, a Kano ne ko a Sokode, ya san irin wannan murmushi ba sai an fassara masa ba.

Za a iya cewa duka rawunan na manyan mutane ne, saboda haka jarumin bai fita daga da'irarsa ba. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, amma laifin na marubutan waɗannan ayyuka ne da ba su gwada shi a rigar manomi ko malamin tsangaya ba. Sauya tufafi abu ne mai sauƙi. Fitar da mutum biyu masu saɓanin hali daga jiki ɗaya da sutura ɗaya shi ne aikin da kaɗan ke iyawa.

Ya kamata masu nazarin fim a Jami'ar Bayero ta Kano da Jami'ar Kara ta Togo su haɗa hannu su binciki yadda zangunan Togo ke kallon Kannywood, domin nan ma kasuwar finafinan Hausa ce.