Tallafin ƙasashen waje da manufofin tattalin arziki a Jigawa

Tun bayan da aka ƙirƙiro jihar Jigawa daga tsohuwar jihar Kano a ranar 27 ga watan Agustan 1991, jihar ta kasance cikin waɗanda masu bayar da agaji suka fi mayar da hankali a kansu a Nijeriya.

Babban dalili shi ne talauci. Ƙididdigar da Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta fitar a shekarar 2020 ta nuna cewa kimanin kashi 87 cikin 100 na mutanen jihar matalauta ne.

A ƙananan hukumomin Kazaure da Roni da Gwiwa, da kuma Babura mai iyaka da Jamhuriyar Nijar, akasarin jama'a sun dogara ne ga noma da kiwo.

Yadda aka faro

Bayan komawar Nijeriya mulkin farar hula a shekarar 1999, ma'aikatar raya ƙasashe masu tasowa ta Birtaniya, wato DFID, ta zaɓi Jigawa cikin jihohin da za ta yi aiki da su.

Mafi yawan tallafin bai zo a matsayin tsabar kuɗi ba. Ƙwararru aka riƙa turowa, domin su taimaka wajen tsara kasafin kuɗi da horar da ma'aikata.

A shekarar 2004 gwamnatin Shugaba Olusegun Obasanjo ta ƙaddamar da shirin tattalin arziki na NEEDS, aka kuma buƙaci kowace jiha ta rubuta nata mai suna SEEDS. Jigawa ma ta rubuta.

Yafe bashi

A shekarar 2005 ƙungiyar ƙasashe masu bin bashi ta Paris Club ta amince ta yafe wa Nijeriya kimanin dala miliyan dubu 18, bisa sharaɗin ta biya kimanin dala miliyan dubu 12.

Nijeriya ta yi alƙawarin karkatar da kuɗin da take kashewa wajen biyan bashin zuwa ayyukan rage talauci, kuma daga shekarar 2007 aka fara bai wa jihohi wani kaso domin gina asibitocin karkara da samar da ruwan sha.

Lafiya da noma

A shekarar 2007, zamanin Gwamna Sule Lamido, aka kafa tsarin Gunduma da taimakon Birtaniya. Tsarin ya haɗa manya da ƙananan asibitoci a ƙarƙashin gundumomi tara, kuma Kazaure na cikinsu.

Shi kuwa Bankin Duniya, ya samar da kuɗin shirin Fadama domin manoman rani. Sai dai wannan rance ne mai sauƙin ruwa, wanda dole a biya.

Mahawara

Masu goyon bayan tallafin na cewa ya sa gwamnatin jihar ta saba da tsara kasafi bisa manufa da bayyana shi ga jama'a.

Masu suka kuwa na cewa kaso mai yawa na kuɗin yana ƙarewa ne a kan ƙwararru da tarurruka, kuma ayyuka da dama kan tsaya da zarar wa'adin shiri ya cika.

Raguwar tallafi

A shekarar 2020 Birtaniya ta haɗe DFID da ma'aikatar harkokin wajenta. A 2021 ta rage kuɗin agaji daga kashi 0.7 zuwa 0.5 cikin 100 na abin da ƙasar ke samu, sannan a 2025 ta sanar da ƙara ragewa zuwa 0.3 daga shekarar 2027.

A 2025 ɗin kuma Amurka ta rufe hukumarta ta USAID.

Wannan na nufin ɗorewar asibiti ko rijiyar burtsatse a Gwiwa ko Roni za ta ƙara rataya ne a kan kason da jihar ke samu daga asusun tarayya, da harajin da take iya tarawa da kanta.