Shari'ar Hadiya

Shari'ar Hadiya ƙara ce da Kotun Ƙolin Indiya ta yanke hukunci a kanta ranar 8 ga Maris, 2018. A cikinta kotun ta tabbatar da cewa duk wanda ya mallaki hankalin kansa yana da 'yancin zaɓen wanda zai aura, kuma iyaye ko alƙali ba su da ikon yi masa wannan zaɓi. A kundin kotu ana kiranta ƙarar Shafin Jahan da Asokan K.M.

Asalin rikicin

Hadiya 'yar garin Vaikom ce a jihar Kerala. Sunanta na yanka Akhila, kuma iyayenta daga al'ummar Hindu suke. Ta musulunta tana ɗalibar aikin likitancin homiyofati a garin Salem na jihar Tamil Nadu. A Janairun 2016 mahaifinta, Asokan, ya garzaya Babbar Kotun Kerala da irin ƙarar da lauyoyi ke kira habeas corpus, wato neman kotu ta sa a gabatar mata da wanda ake zargin an tsare ba bisa ƙa'ida ba. Hadiya ta bayyana ta ce babu wanda ya tsare ta, aka kori ƙarar. A watan Agusta mahaifin ya sake shigar da wata, yana cewa yana tsoron a fitar da 'yarsa daga ƙasar. Ana cikin sauraron wannan ƙara ta biyu aka ɗaura mata aure da Shafin Jahan a Disambar 2016.

Hukuncin Babbar Kotun Kerala

Ranar 24 ga Mayu, 2017, Babbar Kotun ta raba auren, ta ce na bogi ne, ta kuma danƙa Hadiya a hannun iyayenta, alhali tana da shekara 24. Kotun ta kafa hujja da ikon da take da shi na tsayawa a matsayin uba ga wanda ba zai iya kare kansa ba. Lamarin ya zo daidai lokacin da wasu ƙungiyoyin Hindu ke zargin samarin Musulmi da yaudarar 'yan matan Hindu da aure domin a musuluntar da su.

A Kotun Ƙoli

Mijin ya ɗaukaka ƙara. A Agustan 2017 Kotun Ƙoli ta umarci hukumar bincike ta ƙasa, NIA, ta duba batun. Ranar 27 ga Nuwamba alƙalai suka ji daga bakin Hadiya kanta, ta ce 'yancinta take so, suka mayar da ita makaranta a Salem.

Alƙalai uku ne suka yanke hukuncin ƙarshe: Alƙalin Alƙalai Dipak Misra, da A.M. Khanwilkar, da D.Y. Chandrachud. Sun soke hukuncin Kerala, aure ya koma yadda yake. A cikakken bayanin da suka fitar a Afrilun 2018, sun ce aikin kotu a irin wannan ƙara shi ne ta gano ko an tsare mutum. Idan ya ce da son ransa yake inda yake, magana ta ƙare. Sun kuma ce zaɓen abokin aure da zaɓen addini suna cikin 'yancin rayuwa da walwala da Sashe na 21 na tsarin mulkin Indiya ya kare. An bar NIA ta ci gaba da bincike, da sharaɗin kada ta taɓa auren.

Tasirinta

Hukuncin ya ɗora kan shari'ar Lata Singh ta 2006, wadda ta kare auren da ya tsallake bambancin asali tsakanin Hindu. A watan Maris ɗin 2018 kuma, a shari'ar Shakti Vahini, Kotun Ƙoli ta haramta wa majalisun dattawan ƙauye tsoma baki a auren manya biyu da suka amince da juna. Manyan kotunan jihohi suna yawan kafa hujja da shari'ar Hadiya idan ma'aurata suka nemi kariya daga barazanar danginsu.